Itacen Malam-Buɗe-Littafi: Na Ƙasar Sin Da Na Bayan Garin Potiskum

Garin Potiskum ya yi suna ne a kan kasuwar shanu da manyan motocin ɗaukar kaya, kuma da wuya a ji wani ya ambace shi idan ana zancen furanni. Yana yammacin Jihar Yobe, wadda aka cire daga tsohuwar Jihar Borno a shekarar 1991, a kan babbar hanyar Kano zuwa Maiduguri, kuma a nan ne fadar Sarkin Fika take tun 1924. Ruwan saman da yake samu a shekara bai cika wuce milimita 600 zuwa 800 ba, galibinsa daga Yuni zuwa Satumba, sa'an nan a watan Afrilu ma'aunin zafi yakan haura digiri 40. Duk da haka, wanda ya fita bayan gari a ƙarshen damina, da hantsi, zai tarar da malam-buɗe-littafi iri-iri suna shawagi a gefen gonaki da bakin kududdufai, farare da rawaya da masu ruwan goro, har wani lokaci su taso a gaban mai tafiya kamar an watsa takardu.

Cikin gari kuwa ba haka abin yake ba. Yawancin sababbin gidaje ana shafe tsakar gidansu da siminti, a zagaye su da doguwar katanga, in an bar wani abu mai rai to bai wuce dogon yaro ɗaya a ƙofar gida ba. Saboda haka maigidan da ya yi sha'awar ɗan lambu, ya kuma so 'ya'yansa su riƙa ganin wannan ƙwaro mai ado a cikin gida, yakan nemi shawara a wayar hannu. Amsar da zai fara cin karo da ita kusan guda ce a ko'ina: hoton wani ɗan itace mai dogayen zangarnun fure shunayya, kowace zangarniya ta cika da malam-buɗe-littafi. Turawa suna kiransa da wani suna mai ma'anar itacen malam-buɗe-littafi, masana tsirrai kuma suna ce masa Buddleja davidii, wato budaliya. Kafin mutum ya kashe kuɗinsa da ruwan rijiyarsa a kan wannan baƙuwa, ya kamata ya san asalinta da halinta, da kuma abin da ba ta iya yi.

Asalinta

Budaliya 'yar tsakiyar ƙasar Sin ce, inda take fitowa a gangaren duwatsu da bakin rafuka masu tsakuwa. Wani limamin Kirista ɗan Faransa mai suna Armand David, wanda ya shafe shekaru yana tattara tsirrai da dabbobi a can, shi ne ya ci karo da ita a 1869, a shekarar da ya sanar da Turai labarin dabbar nan ta fanda, kuma sunansa ne aka liƙa mata a ƙarshe. Kashin farko na sunan kuwa na tunawa ne da wani Bature ɗan Ingila masanin tsirrai, Adam Buddle, wanda ya rasu a 1715. Irinta ya isa lambunan Faransa da Ingila kafin ƙarshen ƙarni na 19, kuma nan da nan ta karɓu, domin tana saurin girma, tana kai tsawon mita 3 zuwa 5, furenta yana ƙanshin zuma, ga shi kuma cike da ruwan zaƙi a cikin 'yan siraran bututu waɗanda dogon bakin malam-buɗe-littafi ya dace da su.

Amma baƙuwar ba ta tsaya inda aka sauke ta ba. Gindi ɗaya yana iya zubar da iri har miliyan 3 a shekara, ƙanana kamar ƙura, iska tana kwasarsu. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu sai aka ga ta mamaye kangayen da bama-bamai suka bari a birnin Landan, kuma har yanzu tana fitowa a jikin tsofaffin katangu da gefen layin dogo a Ingila, saiwarta tana tsaga gini. A ƙasar New Zealand ta addabi gandun daji har hukuma ta shigo da wani ƙwaro daga Sin a 2006 don ya riƙa cin ganyenta. Jihar Oregon ta Amurka kuwa ta hana sayar da ita a 2010, sai dai irin da aka gyara don kada ya yi 'ya'ya.

Tana da 'yan'uwa a Afirka, amma duba inda suke zaune: tsaunukan Habasha, da tuddan kudancin Afirka, da tsibirin Madagaska. Wannan kaɗai ya isa ya nuna irin iskar da danginta suka fi so. A Nijeriya, yanayin Jos da na tsaunin Mambila ne suka fi kusa da abin da ta saba da shi, ba na Potiskum ko Nguru ba.

Ga wanda ya nace

Wannan ba ya nufin ba za ta rayu a Potiskum ba sam, sai dai rayuwa ce ta lallaɓawa. Littattafan Turai suna cewa a dasa ta a tsakiyar rana, kuma gaskiyarsu ce a ƙasarsu. A nan kuwa ranar azahar ta watan Afrilu za ta ƙone ganyen. Wurin da ya dace shi ne gabashin ɗaki ko katanga, inda za ta sha ranar safe ta samu inuwa daga azahar. Lokacin dashe shi ne bayan damina ta zauna, a ƙarshen Yuni ko cikin Yuli, don saiwa ta kama kafin rani.

Abin da ya fi kashe ta shi ne ruwa ya kwanta a gindinta, domin 'yar kan dutse ce. A haɗa mata ƙasa mai rairayi da ruɓaɓɓen taki kaɗan, kuma taki ba abin nema ba ne a garin da ke da kasuwar shanu, sai dai a tabbata ya shekara ya huce, don ɗanyen kashin shanu yana ƙona saiwa yana kuma kiran gara. Taki in ya yi yawa ganye za ta yi ta yi ba fure. A ƙasashe masu zafi da rairayi, kamar Jihar Fulorida ta Amurka, an lura cewa wasu ƙananan tsutsotsin ƙasa da ido ba ya gani suna kumbura mata saiwa har ta lalace, shi ya sa ya fi kyau a sa ta a babbar tukunya mai huji a ƙasa, wadda kuma ake iya ja zuwa inuwa idan bazara ta tsananta. Da rani tana son ban-ruwa mai yawa bayan kwana biyu ko uku, maimakon yayyafi kullum, tare da rufe gindin da busasshiyar ciyawa ko ɓawon gyaɗa.

Furenta a jikin sabon reshe yake fitowa. Don haka ake datse ta ƙwarai sau ɗaya a shekara, a bar kamar tsawon gwiwa. Turawa suna yin haka a ƙarshen sanyinsu. A nan kuwa datsa ta a ƙarshen hunturu tamkar miƙa sabon toho ne ga zafin bazara, gara a jira gab da faɗuwar damina. Zangarniyar da ta bushe a yanke ta tun ba ta yi iri ba, wannan yana sa ta sake fure, yana kuma hana ta tsallaka katanga. Reshe mai ɗan taushi, tsawon taƙi ɗaya, idan aka soke shi a jiƙaƙƙen rairayi a inuwa yakan yi saiwa cikin 'yan makonni.

To, a ce duk an yi wannan wahala ta kuma yi fure. Abin da aka samu shi ne wurin shan ruwa kawai. Malam-buɗe-littafi yana rayuwa ne hawa huɗu: ƙwai, sa'an nan tsutsa, sa'an nan ƙunshi inda tsutsar ke kwanciya ta rikiɗa, sa'an nan mai fukafukai. Na ƙarshen ne kaɗai ke shan ruwan fure, kuma galibi kwanakinsa ba su wuce 'yan makonni ba. Tsutsar ita ce mai cin abinci na gaske, kuma kowane iri yana da ganyen da uwar ke nema ta saka ƙwai a kai, in babu shi babu haihuwa. Budaliya ba ta cikin ganyayen da manyan ire-iren yankin Sahel suke nema. Lambun da ita kaɗai ke ciki zai ga baƙi ne muddin akwai daji a kusa da ke haifar su, ranar da aka share dajin kuwa sai a bar fure yana ƙanshi babu mai zuwa.

Wadda aka raina

Itacen da ya cancanci wannan suna a Potiskum yana nan tsaye a kowane kango da bakin titi da tsohuwar saura, ba mai ba shi ruwa, ba mai kallonsa. Tumfafiya ce. Manomi yana ganinta alamar ƙasa ta gaji, makiyayi yana wuce ta don dabba ba ta cika kula ɗanyen ganyenta ba, yara kuma suna taka ƙwallonta don su ji ya fashe. Alhali kuwa a kanta ne ɗaya daga cikin mafi kyawun malam-buɗe-littafi na Afirka yake haihuwa, wato mai ruwan goron nan da baƙin gefe da ɗigon fari a bakin fiffike, wanda masana ke kira Danaus chrysippus. Na Afirka ta Yamma yana da wata alama tasa: fukafukansa na baya farare ne. Tsohon sananne ne ƙwarai, domin akwai zanensa a bangon kabarin wani ma'aikacin Fir'auna mai suna Nebamun, wanda aka yi wajen shekara 1350 kafin haihuwar Annabi Isa, kuma ɓallin bangon yana gidan tarihi na Birtaniya a Landan.

Yadda wannan ƙwaro yake hulɗa da tumfafiya abin a tsaya a duba ne. Uwar tana saka ƙwai ɗai-ɗai, galibi a bayan ganye, kowanne bai kai ƙwayar gero ba. Bayan kwana 3 zuwa 5 sai tsutsa ta fito. Kowa ya san nonon tumfafiya, fari mai danƙo mai ɗaci, wanda ke tsatsowa da zarar an karya ganye. Da jaririyar tsutsa za ta faɗa masa kai tsaye, da ya liƙe mata baki. Sai ta fara yanka ɗan da'ira a jikin ganyen, nonon ya tsiyaye ta gefe, sa'an nan ta ci na tsakiya. Gubar da ke cikin ganyen, wadda ke taɓa zuciyar dabba, ba ta kashe ta; ajiye ta take yi a jikinta. Shi ya sa ba ta ɓuya. Tana tafe a fili da zanen baƙi da fari da rawaya, da wasu siraran ƙahoni guda shida, kamar mai shelar cewa duk tsuntsun da ya ci ta zai yi amai. Bayan kamar mako biyu sai ta rataye kanta ta zama ƙunshi kore ko mai ruwan hoda, da ɗigo-ɗigo kamar na zinariya, bayan mako guda kuma mai fukafukai ya fito, gubar tana nan a jikinsa. Tafiyar duka ba ta cika wuce wata ɗaya ba a lokacin zafi.

Wannan ne dalilin da ya sa yake tashi a hankali, cikin isa, ba ya gudun kowa. Har ma akwai wani iri dabam, marar guba, wanda macensa ta kwaikwayi launinsa sak don tsuntsaye su ƙyale ta, alhali namijinta baƙi ne mai manyan fararen tabo, ba wanda zai ce jinsi ɗaya ne.

Renon tumfafiya ba shi da wuya, wuyarsa ita ce maigida ya jure dariyar maƙwabta. Tana da doguwar saiwa mai nutsawa ƙasa, don haka babba ba ta son a tumɓuke ta a dasa. Gara a shuka irin a inda ake so ta zauna, a farkon damina, ko a bar wadda ta fito da kanta a lungun gida. Bayan shekarar farko ba ta bukatar ban-ruwa, kuma tana riƙe ganye da fure har cikin rani lokacin da komai ya bushe. Gindi biyu ko uku sun isa. A riƙa datse ta daidai ƙugu don ta yi sabon ganye, wanda shi uwar ƙwaron ta fi so, kuma a cire ƙwallayen tun suna kore, kafin su fashe audugar ta kwashi iri zuwa gonar wani. Wannan ba ƙaramin abu ba ne: a Ostireliya da Barazil, inda aka kai ta daga waje, tumfafiya ta zame musu irin abin da budaliya ta zame wa Ingila.

Sai dai a yi hattara ƙwarai da nonon. Idan ya shiga ido yana ƙona shi har gani ya dushe na kwanaki. A wanke da ruwa mai yawa nan take, a tafi asibiti. Mai datsa ya sa safar hannu ko leda, ya wanke hannu kafin ya taɓa fuska, kuma gidan da ke da ƙananan yara ya ajiye ta a bayan shinge. Ba a banza mutanen da suka san ta ba: itacenta gara ba ta cika ci ba, shi ya sa ake jinka da shi, ana tufka igiya da ɓawonta, Fulanin ƙasar Benin da na wajen Kwara kuma da ganyenta suke daskarar da madara su yi cuku.

Sauran 'yan gida

Tumfafiya iri guda take reno, sauran kowa da nasa. Farin nan mai jijiyoyi ruwan ƙasa, wanda wasu shekaru yake wucewa garke-garke duk sun fuskanci gefe ɗaya, a kan anza yake haihuwa, da danginta irin su jiga da ciciwa. Anza ita ce wadda mutanen Damagaram da na arewacin Yobe suka sani a shekarun yunwa, ana jiƙa 'ya'yanta kwanaki ana zubar da ruwan ɗaci kafin a ci. Tana da jinkirin girma, don haka wadda aka tarar a fili ta fi wadda za a shuka daraja. Ƙananan nan masu jan baki ko ruwan lemo a ƙarshen fiffike suna bin bagayi da jiga. Babban fari mai ɗan kore-kore, wanda macensa kan zama rawaya, tafasa da rai-ɗore da filasko ne abincin tsutsarsa, wato ganyen da uwargida ke tsinka don kwaɗo shi ne gidan haihuwarsa. Magarya ma tana da nata, wasu 'yan mitsi-mitsi masu shuɗi.

Akwai guda ɗaya da zai jawo gardama a gida, shi ne babban baƙin nan mai ɗigon rawaya da ke zuwa wa lemun tsami. Tsutsarsa tana ƙarama kamar kashin tsuntsu take, in ta girma ta koma koriya, in an taɓa ta ta fito da wani ɗan ƙaho mai wari. Tana iya cinye ganyen ƙaramin dashe ƙaf, wannan gaskiya ne, kuma mai renon lemo yana da hujjar jin haushi. Amma babbar bishiya ba ta jin ɓarnarta. Abin yi shi ne a tsince su da hannu daga kan dashe a mayar kan babba, maimakon a ɗauko feshi.

Feshin nan shi ne babban abin da ke raba lambu da malam-buɗe-littafi. Tun da tsutsar nan mai cin masara ta shigo Nijeriya a 2016, manoma da yawa sun koma ganin kowace tsutsa abokiyar gaba ce, kuma ba a ga laifinsu ba. Sai dai ita waccan 'yar wani faɗa-wuta ce mai tashi da dare, kuma tsutsar tumfafiya ko ta anza ba za ta taɓa masara ko gero ko wake ba ko da yunwa za ta kashe ta. Maganin ƙwari bai san wannan bambanci ba. Yana kashe su duka, ya haɗa da ƙudan zuma da sauran masu ɗaukar garin fure daga wannan fure zuwa wancan, waɗanda kankana da kabewa da guna suke dogara da su kafin su yi 'ya'ya. Ko ruwan ganyen dogon yaro, da ake ganin ba shi da illa, tsutsa yake hana ci da girma, don haka kada a zuba shi a kan itacen da aka ajiye domin ita.

Game da ruwan zaƙi, wanda shi ne duk abin da budaliya ke bayarwa, akwai masu bayar da shi da suka saba da zafin Yobe. Zogale yana fure har cikin rani. Lalle in aka bar shi ya yi shinge yana fitar da fure mai ƙanshin da ke cika gida da yamma. Magarya tana fure a ƙarshen damina, ƙwari kuma suna rububinta. Cikin furannin da masu sayar da dashe ke ajiyewa, lantana ce ta fi kowa jan malam-buɗe-littafi, tana kuma jure fari, amma ita ma 'yar Amurka ce mai halin mamaya, ganyenta yana lalata hantar shanu da tumaki, ɗanyun 'ya'yanta kuma guba ne ga yara. A garin dabbobi irin Potiskum wurinta tukunya ne a cikin gida, ana yanke 'ya'yan, ba shingen waje ba.

Abu na ƙarshe da suke nema ba ya jikin itace. Wanda ya lura da bakin rijiya ko inda shanu suka yi fitsari a jiƙaƙƙiyar ƙasa zai ga mazansu sun taru sun kafa baki, gishiri suke tsotsa. Kasko ɗaya na rairayi mai laima, da ɗan toka ko ɗan taki a ciki, a ajiye a inda ranar safe ke bugawa kuma iska ba ta kaɗawa, ya wadatar. Kada dai ruwa ya kwanta a kai, don kada a yi renon sauro.

Masanin nan ɗan ƙasar Denmak, Torben Larsen, wanda ya wallafa babban littafinsa kan malam-buɗe-littafi na Afirka ta Yamma a 2005, ya lissafa iri kusan 1,500 a yankin, fiye da 1,000 daga ciki ana samunsu a Nijeriya, mafi yawa a kurmin Kuros Riba. Rabon Sahel kaɗan ne a cikin wannan adadi, amma a cikinsa akwai matafiyin da ya fi kowa nisan zango. Wani ɗan madaidaici ne mai ruwan goro da baƙi da fari, Vanessa cardui, wanda ke tasowa daga Turai idan sanyi ya gabato, ya ƙetare Bahar Rum da Hamadar Sahara, ya sauka a yankin Sahel a ƙarshen damina ya hayayyafa a kan ciyayin da ruwa ya bari, jikokinsa kuma su koma arewa. Wani masani ɗan Sifen, Gerard Talavera, ya tsinci wasu daga cikinsu da yagaggun fukafukai a bakin teku a Giyana ta Faransa, can Kudancin Amurka, a watan Oktoba na 2013. Bayan shekara goma ana bincike a kan garin furen da ke jikinsu da yanayin iskar makon, aka bayyana a 2024 cewa daga gaɓar Afirka ta Yamma suka taso, suka ratsa Tekun Atilantika, tafiyar kilomita 4,200 cikin kwana 5 zuwa 8. Lokacin saukar irinsu a ƙasashen Sahel shi ne daga ƙarshen Satumba zuwa Nuwamba, daidai lokacin da ake yankan gero a gonakin Fika da Nangere, kafin a fara cinna wa ciyawa wuta.